Inji Namu, Makulli Nasu: Lasisin Manhaja da Makomar Masana'antu a Damargu

Ranar 28 ga Nuwamban 2011 aka buɗe matatar man fetur ta SORAZ a karkarar Olelewa, cikin gundumar Tanut, kimanin kilomita 50 arewa da birnin Damagaram. Daga ranar nan Damargu, wadda aka sani da gero da dabbobi, ta zama mazaunin ɗaya daga cikin manyan masana'antun Nijar. Ɗanyen mai yana isowa ta bututu mai tsawon fiye da kilomita 460 daga rijiyoyin Agadem na jahar Difa. Matatar tana iya tace ganga 20,000 a rana. Kamfanin CNPC na ƙasar Sin ke da kashi 60 cikin ɗari na jarinta, gwamnatin Nijar kuma kashi 40.

Mai bin hanyar Agadas yana ganin tankuna da hasumiyoyin ƙarfe da jerin motocin dakon mai. Manhajar da ke juya su kuwa ido ba ya ganinta. Matatar mai ta zamani ba da hannu ake tafiyar da ita ba. Na'urorin awo masu yawa ne ke aika bayanin zafi da matsi da yawan abin da ke gudana a bututu zuwa ɗakin sarrafawa, kwamfutoci su buɗe wannan bawul, su rage wutar waccan tukunya, duk cikin daƙiƙa. Kowace manhaja irin wannan tana da mai ita, tana da lasisi, tana da makulli. Haka abin yake ga famfon sola da ke ɗaga ruwa a ƙauyukan Tarka, da tarakta ta zamani, da kwamfutar injiniyan da ke zana hanya ko shato. Saboda haka batun lasisin manhaja da yaƙi da satarta ya shafi Tanut da Balbeji kai tsaye, ko da yake ba a cika tattauna shi a majalisun gari ba.

Sayen ƙarfe daban, sayen manhaja daban

Mai sayen inji yakan ɗauka cewa da zarar ya biya, komai ya zama nasa. A wajen ƙarfe haka ne. A wajen manhaja kuwa izinin amfani kawai ake sayar masa, bisa sharuɗɗa: kwamfuta nawa, mutum nawa, a wace ƙasa, zuwa wace rana. Tamkar mutum ne ya sayi mangaza cike da buhunan gero, aka tabbatar masa ginin da geron nasa ne, amma makullin ƙofa ya zauna a aljihun mai sayarwa, kowace shekara sai an biya kafin a buɗe.

Kamfanoni suna da hanyoyi da dama na tabbatar da waɗannan sharuɗɗa. Ta farko ita ce makullin USB da ake soka wa kwamfuta, irin su CodeMeter na kamfanin Wibu da ke Jamus ko Sentinel na kamfanin Thales. Idan aka zare shi, manhajar ta ƙi buɗewa. Ta biyu ita ce kwamfuta guda a cikin ma'aikata da ke raba izini: idan an sayi gurbi biyar, mutum na shida sai ya jira wani ya fita. Ta uku, wadda ta fi yaɗuwa yanzu, ita ce tantancewa ta intanet, inda manhajar ke tuntuɓar kamfaninta lokaci zuwa lokaci don a tabbatar biyan kuɗi bai ƙare ba. Ta huɗu ita ce binciken da yarjejeniya ke bai wa kamfani ikon yi, ya ƙirga kwafin da ke aiki a ma'aikata ya kwatanta da wanda aka saya. Akwai kuma kalmar sirri da mai haɗa inji ke ɗaure shirin aikinsa da ita a cikin ƙaramar kwamfutar sarrafawa, wadda injiniyoyin Nijar ke kira otomat, na Najeriya kuma PLC.

Waɗannan hanyoyi an tsara su ne da tunanin ƙasashen da wuta ba ta ɗaukewa, intanet ba ta yankewa, katin banki kuma yana biya a ko'ina. Ma'aikacin da ke gyaran famfo a dajin Tenhiya, inda samun layin waya kansa aiki ne, shi ne ke shan wahalar tsarin da aka yi domin kama ɓarawo.

Farashin da ke tura mutane ga kwafin sata

A da injiniya yakan sayi manhaja sau ɗaya ya yi shekaru yana aiki da ita. A 2016 kamfanin Autodesk, mai AutoCAD da masu zanen gini da hanya da yawa ke amfani da ita, ya daina sayar da sabon lasisin dindindin, ya koma biyan wata ko shekara. Kuɗin shekara guda na cikakkiyar AutoCAD yana kai wa kusan dalar Amurka 2,000, wato fiye da sefa miliyan ɗaya. A Nijar mafi ƙarancin albashi tun farkon 2024 jika 42 ne a wata. Ke nan lasisin mutum ɗaya na shekara ɗaya ya haura albashin ƙaramin ma'aikaci na shekara biyu. Matashin da ya gama karatu a Jami'ar André Salifou ta Damagaram ko makarantar EMIG ta Yamai, yana son buɗe ɗan ofishin awo da zane a Tanut, wannan ne bangon farko da yake cin karo da shi.

Abin da ke biyo baya kowa ya san shi: kwafin da aka fasa wa makulli yana yawo daga kile na USB zuwa wani, daga ɗalibi zuwa ɗalibi. Ƙungiyar BSA ta manyan kamfanonin manhaja ta ƙiyasta a rahotonta na 2018 cewa kashi 37 cikin ɗari na manhajar da ke kan kwamfutocin duniya ba ta da lasisi, darajarta ta kai dalar Amurka biliyan 46. A maƙwabciyarmu Najeriya adadin ya kai kashi 80 cikin ɗari.

Kuma kada a ɗauka talaka ne kaɗai ke faɗawa cikin wannan. Wani ɗan ƙasar Sin mai suna Xiang Li ya kafa shafin Crack99, ya sayar da kwafin manhajojin injiniyanci da darajarsu ta haura dalar Amurka miliyan 100, kuma cikin masu sayensa har da injiniyoyin Amurka. An kama shi a tsibirin Saipan a 2011, aka ɗaure shi shekara 12 a 2013. Rundunar sojan ruwan Amurka kanta kamfanin Bitmanagement na Jamus ya kai ta kotu kan ɗora manhajarsa a kwamfutoci dubu ɗaruruwa fiye da abin da aka saya. Kamfanin ya nemi kusan dala miliyan 600, kotu ta same ta da laifi, a 2022 ta yanke diyyar dalar Amurka 154,400.

Manhajar da ke kai rahoton mai amfani da ita

Mutane da yawa suna zaton kwafin sata ba ya barin sawu. Shari'ar da aka yi a Ostireliya a 2020 ta nuna akasin haka. Reshen manhaja na kamfanin Siemens ya shaida wa kotun tarayya cewa manhajojinsa na zanen injuna, NX da Solid Edge, suna ɗauke da wani ɓangare da ke gane an taɓa makulli, ya aika rahoto ta intanet tare da adireshin layin da aka yi amfani da shi. Kotu ta umarci kamfanin sadarwa na Telstra ya bayyana masu waɗannan layuka. Kamfanonin manhajar injiniyanci da dama suna amfani da irin wannan dabara. Galibi ba sa bin ɗalibi. Suna jiran kamfani mai kwangila, su aiko masa da takardar lauya, su nemi ya sayi lasisi da farashi cikakke ko a haɗu a kotu.

Wannan ya shafi ƴan kwangilar Damagaram da Tanut da ke fatan samun aiki a matata ko a bututun da ke kai mai gaɓar tekun Benin. Manyan kamfanoni da masu ba da lamuni na ƙasa da ƙasa suna sa sharaɗin bin doka a takardun kwangila. Ɗan kasuwar da ya gina ofishinsa kan kwafin sata yana iya rasa aikin da ya daɗe yana nema a ranar da ya fi kusa da samu.

Haɗarin da ya fi tara

Tara kuɗi ce, ana iya biya. Abin da ya fi ta tsanani shi ne abin da kwafin sata ke shigowa da shi. Wanda ya fasa makulli ya raba kyauta sau da yawa yana da tasa riba a ɓoye. A watan Yulin 2022 kamfanin tsaro na Dragos ya bayyana cewa ana tallata wasu manhajoji a kafafen sada zumunta da sunan buɗe kalmar sirrin kwamfutocin sarrafa inji. Suna buɗewa da gaske, amma a lokaci guda suna dasa ƙwayar cutar Sality a kwamfutar injiniyan, su haɗa ta da rundunar kwamfutocin masu kutse. Mai faɗawa tarkon ba lallai ɓarawo ba ne. Yana iya zama ma'aikacin da ya gaji inji, wanda ya riga shi ya tafi bai bar kalmar sirri ba, shugabansa kuma yana matsa masa a tayar da aiki.

Kwafin sata kuma ba ya samun gyaran da kamfani ke aikowa. A watan Mayun 2017 ƙwayar WannaCry ta kama kwamfutoci a ƙasashe kusan 150 ta wata kafa da Microsoft ya riga ya toshe wata biyu kafin nan. Masana sun danganta saurin yaɗuwarta a Sin da Rasha da yawan Windows da ba a sabuntawa. A ofis, irin wannan cuta takardu take lalatawa. A masana'antar da ke dafa mai da zafi mai tsanani, ko a tashar ruwan da gari ya dogara da ita, rai da lafiya ne ke kan layi. Babu wani uzurin farashi da zai halatta haɗa kwamfuta mai kwafin sata da injin da rayuka suka rataya a kansa.

Lokacin da makulli ya zama makami

Adalci ya wajabta a dubi ɗaya gefen. Makullin da aka ce an yi don ɓarawo ya sha juyowa kan mai gaskiya. Manoman Amurka sun yi shekaru suna kukan cewa tarakta ta John Deere, ko an canza mata kayan gyara na ƙwarai, wani lokaci ba ta komawa aiki sai wakilin kamfani ya zo da kwamfutarsa. Har wasu suka koma sayen manhajar da aka fasa daga Gabashin Turai don kada girbi ya wuce su. A Janairun 2025 hukumar kare masu saye ta Amurka, FTC, ta maka kamfanin a kotu kan wannan batu.

A Foland, wani kamfanin gyara ya ci kwangilar duba jiragen ƙasa ƙirar Impuls na kamfanin Newag, bayan gyara jiragen suka ƙi tashi. Masana na ƙungiyar Dragon Sector da aka ɗauko suka bayyana a Disambar 2023 cewa sun gano umarni a cikin manhajar da ke kulle jirgi idan ya daɗe a tsaye ko ya shiga harabar wasu masu gyara. Newag ya musanta, maganar ta tafi kotu. A Yukiren kuma, kafar CNN ta ruwaito a 2022 cewa injunan noma na kusan dalar Amurka miliyan 5 da sojojin Rasha suka kwashe daga Melitopol zuwa Checheniya an kashe su daga nesa. Ɓarayi aka hana a wannan karon, amma duniya ta ga cewa mai iya kashe injin ɓarawo daga nesa yana iya kashe na kowa.

Siyasa ma tana shiga. A Oktoban 2019 kamfanin Adobe ya sanar da rufe asusun duk masu amfani da manhajarsa a Benezuwela saboda takunkumin Amurka, sai da ya samu izini na musamman kafin ya janye. A 2022 manyan kamfanoni irin su Siemens da Autodesk suka dakatar da hulɗa da Rasha. Ƴan Nijar ba sa buƙatar a yi musu dogon bayani a nan. Bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 an rufe iyakoki, an dakatar da hada-hadar kuɗi, Najeriya ta yanke wuta, sai a Fabrairun 2024 ƙungiyar CEDEAO ta ɗage takunkumin. Ƙasar da ta ɗanɗana wannan tilas ta tambayi kanta: idan lasisin da ke tafiyar da wata ma'aikata ya ƙare a irin wannan lokaci, me zai faru?

Abin da doka da addini suka ce

Nijar tana cikin ƙasashe 17 na ƙungiyar kare haƙƙin fasaha ta OAPI mai hedikwata a Yawunde. Yarjejeniyar Bangi ta 1977 da ta kafa ƙungiyar, wadda aka sabunta a 1999 da kuma 2015 a Bamako, ta sanya manhajar kwamfuta cikin ayyukan da haƙƙin mallaka ke karewa. A cikin gida akwai dokar haƙƙin mawallafa ta Disambar 2010, da ofishin BNDA mai kula da wannan haƙƙi, da dokar yaƙi da laifukan intanet ta Yulin 2019. A ɓangaren addini, Majalisar Fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi, a zamanta na Kuwait a Disambar 1988, ta yanke cewa haƙƙin wallafa da na ƙirƙira haƙƙoƙi ne da shari'a ta kare, ba ya halatta a keta su. Wanda ya kwana yana rubuta manhaja guminsa ya zuba, kamar kowane mai sana'a.

Sai dai kare haƙƙin mai manhaja bai hana kare haƙƙin mai inji ba. Dokar Tarayyar Turai ta 2009 ta bai wa wanda ya sayi manhaja ta halal ikon ajiye kwafin kariya da gyara kurakurai, kuma a 2021 kotun Tarayyar ta tabbatar cewa yana iya buɗe cikinta don gyara kuskuren da ke hana ta aiki. Amurka tun 2015 ta yarda mai mota ko tarakta ya ƙetare makulli domin gyara. Ƙungiyar Ciniki ta Duniya kuma ta ɗage wa ƙasashe mafiya ƙarancin ci gaba, har da Nijar, wajibcin aiwatar da yawancin dokokinta na haƙƙin fasaha zuwa 1 ga Yulin 2034, domin su samu sararin gina tushen fasaharsu. Wannan sarari ba izinin sata ba ne. Dama ce ta rubuta dokar da za ta tabbatar wa mai saye haƙƙin gyara abin da ya saya.

Darasin Damargu

A watan Maris na 2025 hukumomin Nijar suka sallami shugabanni uku ƴan Sin na kamfanonin CNPC da SORAZ da WAPCO mai kula da bututun Benin, bisa ƙorafin da ya haɗa da tazarar albashi tsakanin baƙi da ƴan ƙasa. A watan Mayu ma'aikatar man fetur ta buƙaci a kawo ƙarshen aikin baƙin da suka haura shekara huɗu, a maye gurbinsu da ƴan Nijar. A cikin watan Maris ɗin ne kuma ƙarancin fetur ya jera motoci da babura a gidajen mai na Yamai da sauran garuruwa, saboda buƙata ta fi abin da matatar ke fitarwa. Kowa ya ga yadda rayuwar ƙasa ta rataya a kan wannan wuri guda da ke Olelewa.

Burin miƙa aiki ga ƴan ƙasa buri ne mai kyau, amma ba ya cika da zama a kujera. Ranar da ƙwararre baƙo zai tafi, dole a tambaya: da sunan wa aka rubuta lasisi? Ina kalmomin sirri? Ina kwafin shirin da ke cikin kowace kwamfutar sarrafawa? Da wane harshe aka rubuta littattafan aiki, kuma wa zai iya karanta su? Idan ba a amsa waɗannan ba, ɗan ƙasa zai gaji allo da maɓallai, ikon canzawa da gyarawa kuwa ya tafi da wanda ya tafi. A irin wannan hali ne ma'aikaci nagari ke miƙa hannu ga manhajar fasa makulli.

Tambayoyin nan su ne dai a ƙauye. Ruwan Damargu yana da nisa a ƙarƙashin ƙasa, damina gajera ce, makiyaya da manoma daga Gangara zuwa Balbeji sun dogara da foraj da famfunan sola. Na'urar sarrafa irin wannan famfo sau da yawa da waya ko kwamfuta ake saita ta. Idan ɗan kwangila ya gama aiki ya koma Yamai da lambar sirri a aljihunsa, ƙaramar matsala tana iya tsayar da ruwan gari har a jira zuwansa, alhali a kasuwar Tanut ko Bakin Birji akwai matasan da za su iya gyarawa da an ba su dama.

Hanyar fita a fili take. Duk kwangilar sayen inji, daga ta ma'aikatar minista zuwa ta magajin gari, ta ƙunshi sharaɗin cewa lasisi da sunan mai saye yake, yana aiki ko babu intanet, ba mai kashe shi daga nesa, kuma za a miƙa kalmomin sirri da kwafin shiri a rubuce kafin a biya kason ƙarshe. A manyan ayyuka a buƙaci ajiye asalin rubutun manhaja amana a hannun wani na uku, a buɗe shi idan kamfani ya rushe ko ya janye. A ware kuɗin sabunta lasisi a kasafin shekara kamar yadda ake ware na gazuwal. A makarantu kuma a koyar da manhajojin da masu su suka sake wa kowa kyauta bisa doka: QGIS don taswira, EPANET don lissafin bututun ruwa, FreeCAD da LibreCAD don zane, LibreOffice don aikin ofis. Ba su kai masu tsada a kowane fanni ba, amma sun isa ga yawancin aikin ƙaramar hukuma da ƙaramin ofishin zane. Ɗalibai su nemi lasisin karatu da kamfanoni irin su Autodesk ke bayarwa kyauta. Hukumar ANSI mai kula da fasahar zamani tana da hurumin jagorantar wannan aiki.

Kamfanonin manhaja su ma akwai kira a kansu. Farashin da aka yanka don Faransa ko Amurka ba zai yi aiki a Tanut ba, kuma wanda ya ƙi sassauta wa kasuwar talaka shi ke ciyar da masu fasa makulli.

Kira na ƙarshe ga magadan gari da sarakuna da kwamitocin ruwa da injiniyoyin Tanut da Balbeji ne. Ku guji kwafin sata, domin haƙƙin wani ne kuma ƙofar cuta ce. Kada kuma ku sa hannu kan takardar karɓar kowane inji, babba ko ƙarami, sai an damƙa muku lasisinsa da kalmar sirrinsa, an kuma koya wa ƴaƴanku yadda ake gyara shi.